Albarushi da Goro: Tarihin Bindiga Tsakanin Salaga, Yendi da Bawku

Duk wanda ya tashi a Garu, ko a wani ƙauye da ke tsakaninta da Bawku, ya san ƙarar bindigar toka tun bai san sunanta ba. Idan wani dattijo ya kwanta dama a gidajen Kusasawa, ita ce ke kai sanarwa inda ƙafar ɗan aike ba ta isa ba. A Yendi kuwa, ranar bikin Damba, sai ka ga 'yan bindigar Ya Na, sarkin Dagomba, sun jeru cikin rigunan saƙi masu layu, suna ɗura albarushi suna saki, farin hayaƙi ya turnuƙe fili, yara na toshe kunne suna dariya. Yau kayan biki ce da na maharba. A da kuwa ita ke yanke hukuncin wanda zai karɓi haraji da wanda zai biya, wanda zai kwana a ɗakinsa da wanda za a zarga wa igiya a wuya a nufi kasuwar Salaga da shi.

Masu ba da labarin yaƙi sun fi son sunayen jarumai da ranakun gwabzawa. Ni tambayar da ta fi damuna ita ce, wannan ƙarfen da ake harbawa a maƙerar wa aka ƙera shi, kuma da me aka saye shi? In aka bi sawun tambayar tun daga zamanin Tonawa, wato Asante, har zuwa yaƙin Hitila, amsar kusan ɗaya ce a wannan yanki namu. Maƙerar tana can wani wuri, mu kuwa mutum muke bayarwa.

Kafin zuwan bindiga, makamin arewa na gida ne tun daga tushe. A ƙasar Basari, gabas da Yendi, cikin Togo ta yau, mutanen Banjeli da maƙwabtansu suna haƙo tama su narka ta a dogayen murahu na yumɓu waɗanda suka fi mutum tsawo. Ba sa bukatar zugazugi, iskar da ke shiga ta ramukan ƙasa ita ke hura wutar. Daga can ƙarfe ke bazuwa kasuwannin Yendi da Sansanin Mango da Salaga, maƙeri ya ɗora shi kan uwar maƙera ya fitar da fartanya da damina, ya fitar da mashi da kan kibiya in an ji ƙishin-ƙishin yaƙi. Dafin kuwa daga daji yake, 'ya'yan kwankwani ne ake dafawa a shafa wa kibiya, kuma ko ƙwarzane ta yi wa mutum sai an yi da gaske. Konkomba da Kusasawa da Farafara da Bulsa da wannan suka tsare gonakinsu. Masarautun Dagomba da Mamprusi da Gwanja kuma doki ne ƙarfinsu. Barde mai lifidi da mashi in ya sako a filin da babu duhuwa, mai baka sai ya nemi dutse ko fadama. Dokin kansa sayo shi ake yi daga ƙasar Mosi da ƙasar Hausa, amma dai cinikin maƙwabta ne, babu wanda ya riƙe wa wani wuya da shi.

Bindiga ta bakin teku ta shigo. Turawan Fotugal sun gina gidansu na Elmina tun 1482, sai dai bindiga ba ta yawaita ba sai tsakiyar ƙarni na 17, lokacin da 'yan Holan da Ingila da Denmak suka shiga gasar saye da sayarwa a gaɓar. Gidan 'yan Denmak na Osu, a Akra, shi ya sa Turawa ke kiran doguwar bindigar nan bindigar Denmak har yau, ko da yake akasarin waɗanda suka biyo baya a Birmingham ta Ingila da Liyej ta Beljiyam aka ƙera su. Masanin tarihi Joseph Inikori ya ƙiyasta cewa a rabin ƙarshe na ƙarni na 18 bindigogin da ke shigowa Afirka ta Yamma a shekara guda sun kai wajen dubu ɗari uku, wani lokaci har su haura. A Birmingham ba mutum ɗaya ke yin bindiga ba. Wani bututu kawai yake naɗewa, wani kunama, wani ya fafe ƙota, wani ya harhaɗa, unguwa guda na ci daga wannan sana'a. Wani abin dariya mai ciwo shi ne, ɗaya daga cikin manyan gidajen da suka yi arziki da ita, gidan Galton, mabiya ɗariƙar Kirista ta Kwaka ne, wadda ta haramta yaƙi ɗungurungum. Sai a tsakiyar shekarun 1790 'yan ɗariƙar suka tsame hannunsu daga Samuel Galton saboda sana'ar tasa, shi kuwa ya ci gaba da abinsa.

Kayan da ake yi wa Afirka na araha ne. Bututun kan fashe a hannun mai harbi ya tafi da yatsu. Ɗura ta ma aiki ne: a zuba albarushi ta baki, a cusa tsumma ko ɓawon itace, a zuba harsashi, a danna da sanda, a ɗan zuba albarushi a kaskon gefe, sannan a ja kunama ƙanƙara ta daki ƙarfe ta ba da tartsatsi. In ruwan sama ya sauka, ta zama sanda. In abokin gaba ya wuce taku ɗari, sai dai a yi masa ƙara. Ba banza Bahaushe ya sa mata suna harba-ka-ruga ba. Amma idan mutum ɗari biyar suka saki tare a bakin kurmi, doki ba ya tsayawa, kuma wannan kaɗai ya isa ya juya tarihi.

Tonawa, wato Asante, su suka fi kowa gane haka. Bayan Osei Tutu ya karya Denkyira a 1701 hanyar Elmina ta buɗe musu, suna da zinariya, suna da bayi, don haka suna da albarushi. Magajinsa Opoku Ware ya juyo arewa, ya taka Gwanja, sannan wajen 1744 zuwa 1745 rundunarsa ta shiga Dagomba. Labarin baka na Yendi yana cewa an kama Ya Na Gariba, aka fanshe shi da alkawarin biyan bayi duk shekara. Wannan bashi ya ɗauki sama da shekara ɗari ana biyansa.

Daga wannan karo ne Dagomba ta sami rundunar 'yan bindiga, Kambonsi. Kalmar kanta a Dagbanci tana nufin mutanen Asante, sarautunsu na yaƙi da kiɗansu da take-takensu duk na kudu ne, har sunan sapashini da ake kiransu da shi daga safohene na yaren Tuwi aka aro shi. To amma Kumasi, fadar Tonawa, ba ta yi wauta ba. Ta yarda talakawanta na arewa su riƙe bindiga daidai wadda za su kamo mata bayi, ba ta yarda su tara wadda za su juyo mata da ita ba. Akwai masu tsaron hanya a kan titunan da suka fito daga Kumasi, kuma doka ce mai ƙarfi cewa bindiga da albarushi ba sa wucewa arewa sai da izinin Asantehene, sarkin Tonawa. Fataken Hausa da ke tasowa daga Kano da Katsina da Sakkwato, wasu ta Nikki da Zugu da Yendi, wasu ta Gurma da Bawku da Gambaga, su sauke kanwa da fatu da tufafi a Salaga su ɗora wa jakuna goro. Madugu yana iya sayen goro iya ƙarfin ayarinsa, amma ganga guda ta albarushi sai a ɓoye. Shi ya sa sarakunan Hausa suka fi dogara da hanyar Sahara da ta Nufe wajen neman bindiga, har Sarkin Damagaram Tanimu ya kai ga sa a zuba masa igwa a cikin Zinder, a haɗa masa albarushi a gida.

A nan ne maƙerin arewa ya nuna gwanintarsa, a nan ne kuma iyakarsa ta bayyana. Kunama ta karye, ya ƙera wata. Ƙota ta tsage, a sassaƙa sabuwa a ɗaure da fata ko tagulla. Darma ta yi wuya, sai ya yayyanka ƙarfe ƙanana ya zama harsashi, in babu ma a zuba tsakuwa. Bindigar da Bature ya yi don ta yi shekara biyu sai ta yi ashirin a hannunsa. Su Dagomba ma sunan da suke kiran maƙeransu, machele, in ka saurara da kyau za ka ji maƙeri a ciki, alamar irin cuɗanyar da aka yi da mutanen zango. Abu biyu ne suka gagara a yi da yawa kuma da kyau: bututu mai jure wuta da albarushi mai ƙarfi. Gawayi akwai shi ko'ina, amma farar wuta sai an kawo daga nesa. Waɗannan biyun kuwa su ne bindigar, sauran duk ado ne.

Da me ake saye? Da mutum. Dagomba na bin Konkomba da Basari da Gurunsi da hari don ta cika bashin Kumasi, abin da ya ragu a kai Salaga, garin rijiyoyi, inda har yau ake nuna wa baƙo wurin da ake yi wa bayi wanka kafin a fito da su kasuwa. Cikin shekarun 1860 wasu Zabarmawa masu dawaki, Alfa Hano da Gazari, daga baya Babatu, suka shigo Dagomba, suka taya ta farautar bayi, sannan suka ɓalle suka kafa nasu iko a ƙasar Gurunsi. Lissafinsu a fili yake: a kama mutane, a sayar, a sayi doki da bindiga da albarushi, a ƙara kama wasu. Yaran da suka kama ma su suka horar suka zama 'yan bindigarsu. Wani malami da ake kira Malam Abu ya rubuta labarinsu da Hausar ajami a 1914, kuma rubutun yana nan. Bulsawan Sandema kuwa har gobe suna bikin Feok da hulunan ƙaho da kwari da baka, suna tuna ranar da kibiya ta kori bindigar Babatu. Shi Babatu a Yendi ya ƙare kwanakinsa a 1907, kabarinsa na can.

Shekarar 1874 ita ta ɓalle ƙofar. Janar Wolseley na Ingila ya shiga Kumasi a watan Fabrairu ya sa mata wuta, Kyaftin Glover kuma ya biyo ta gabas da sojojin da ake kira Hausawan Glover. Abin da ya ba su galaba bai wuce bindigar Snider ba, wadda ake sa wa harsashi ta baya, harsashin kuma ɗauke da albarushinsa cikin kwanso. Cikin bututunta akwai zane mai murɗawa da ke sa harsashi ya tafi saiti. Soja na kwance a ƙasa zai yi harbi shida ko fiye kafin Batone ya gama ɗuri ɗaya a tsaye. Bayan wannan bindiga kuma akwai abin da ba a gani a fagen fama: masana'antar gwamnatin Ingila ta Enfield, wadda tun shekarun 1850 ta sayo injuna daga Amurka masu yanka kowane ƙarfe daidai da ɗan'uwansa, ta yadda kunamar wannan bindiga za ta shiga waccan ba tare da an goga ba. Maƙeri ɗaya komai gwanintarsa ba ya gasa da wannan.

Da labarin faɗuwar Kumasi ya iso, Salaga ta yi wa Tonawa bore, aka kashe wasu aka kori saura. Kumasi ta rama da hana goro, ciniki ya koma Kintampo da Atebubu da Kete Krachi, garin ya fara ramewa. Amma hanyar kogin Volta ta buɗe, bindiga da albarushi suka riƙa hawowa daga teku babu mai tarewa. Makami ya yawaita a daidai lokacin da arziki ke raguwa, kuma ba a daɗe ba aka ga sakamakon. A 1892 rikicin gadon sarautar Kpembe, mai iko da Salaga, ya zama yaƙin basasa, Kabachewura Isifa ya gayyato Dagomba da Nanumba, aka ci Salaga da wuta, mutanen zango suka watse. Cikin waɗanda suka bar garin akwai Alhaji Umaru, haifaffen Kano, wanda ya koma Kete Krachi ya zama limaminta, ya kuma bar mana waƙoƙi kan rushewar Salaga da zuwan Nasara.

Turai kuwa a lokacin sauya makami take yi kamar ana canza riga. Mauser a Jamus a 1871, Gras a Faransa a 1874, sannan a 1884 Hiram Maxim ya fito da bindiga mai sarrafa kanta da ƙarfin bugun harsashinta, a 1886 Faransa ta kawo Lebel mai albarushi marar hayaƙi. Duk sanda aka yi sabuwa, tsofaffin sai a jibge su a kasuwar Afirka. Da Turawa suka ga abin zai dawo kansu, sai suka taru a Brasels a 1890 suka sa hannu kan yarjejeniyar da ta hana sayar wa 'yan Afirka bindigogin zamani a faɗin tsakiyar nahiyar, aka bar musu ta ƙanƙara da albarushin kasuwa. An ce don a kashe cinikin bayi aka yi. Wataƙila akwai masu wannan niyya a cikinsu. Amma wanda ya karanta dokar Asantehene ta hana albarushi wucewa Salaga ba zai ga baƙon abu a takardar Brasels ba, sai dai mai tsaron hanyar ne ya canza.

Mutum ɗaya ne a wannan sashe ya yi ƙoƙarin kama maƙerar da hannunsa, shi ne Samori Ture. Da farko daga Firitawun ta Saliyo yake sayen bindigogin zamani. Da hanya ta fara toshewa sai ya tara maƙera ɗaruruwa ya mai da su ma'aikatan gwamnatinsa, aka ce har ya tura wasu su koyo aiki a ma'ajiyar makaman Faransawa ta Sanluwi a Senegal. Suka riƙa kwance bindigar Gras suna kwaikwayon kowane ƙarfe nata da hannu, suna tsince kwanson harsashi bayan yaƙi su sake ɗura shi. Waɗanda suka yi nazarin zamaninsa sun ce abin da suke fitarwa bai wuce bindiga goma sha biyu a mako ba, da harsashi ɗari biyu zuwa uku a yini. A ma'aunin Enfield wannan ba komai ba ne. A ma'aunin masaba da awartaki kuwa abin a jinjina ne. Ba na wanke Samori, domin shi ma da bayi yake sayen doki, kuma mutanen Bole da Wa ba su manta da abin da rundunar ɗansa Sarankye Mori ta yi musu a 1896 da 1897 ba. Ita ce ta fatattaki 'yan Ingila a Dawkita, a hannunta kuma George Ekem Ferguson, Bafanten nan mai zanen taswira da ya ƙulla wa Ingila yarjejeniyoyi a arewa, ya rasa ransa a Wa. Faransawa sun kama Samori a watan Satumba na 1898, maƙerarsa ta mutu tare da mulkinsa.

Ranar da Dagomba ta ga bambancin da idonta ita ce 4 ga Disamba, 1896. Tun 1888 Ingila da Jamus suka yi yarjejeniyar barin Salaga da Yendi a matsayin yankin ba-ruwan-kowa, amma kowa na leƙe. Jamusawa Dakta Hans Gruner da Laftanar von Massow suka taso daga Kete Krachi za su Sansanin Mango, suka ci Bimbila, suka doshi Yendi. Turawa huɗu ne, sojojinsu baƙaƙe ba su kai ɗari ba, sauran 'yan dako ne, wasu an ba su bindiga. Ya Na Andani ya tara dubban mayaƙa, 'yan bindiga da masu baka da mahaya, suka tare hanya a tudun Adibo, kudu da Yendi. Labarin baka yana cewa wasu har igiya suka zo da ita, don an gaya musu Bature daga ruwa ya fito, kamar kifi yake, da hannu za a kama shi. Jamusawa suka yi sahu mai kusurwa huɗu suka jira. Kambonsi sai sun matso kusa kafin harbinsu ya yi amfani, su kuwa waɗancan tun daga nesa suke zuba musu wuta, sahu bayan sahu, babu tsayawa ɗuri. Shugaban 'yan bindiga, Kambon Nakpema Ziblim, bai ja da baya ba, a nan ya faɗi tare da manyan mutanensa. Jamusawa sun ƙirga gawa sama da 400 a filin, nasu asarar kuwa 'yan ƙalilan ne. Suka wuce suka ƙone Yendi. Babu wanda zai ce Dagomba ta rasa maza a ranar. Bindigarta ce ta tsufa da shekara ɗari, kuma waɗanda suka sayar mata da ita sun san haka.

A 1899 aka raba ƙasar a kan tebur. Yendi ta faɗa hannun Jamus, Salaga da Tamale da Gambaga da Bawku hannun Ingila, iyakar ta ratsa ƙasar Kusasawa ta bar Pusiga a ɓangaren Jamus. Daga nan bindiga ta zama abin lasisi. Ta ƙanƙara an yarda manomi ya riƙe don biri da gada da jana'iza, albarushi sai da takarda, ƙera sabuwa kuwa laifi ne.

Wa ya riƙe ta zamanin? 'Ya'yan arewa ne dai, amma cikin kakin Bature. Rundunar da aka kafa a 1879, wadda kowa ke kira ta Hausa, ta zama Rejimantin Gwalkwas, wato Ghana ta yau, a 1901. Da yawa cikin waɗannan "Hausawa" Gurunsi ne da Mosi da Dagomba da Kanjaga da Farafara, wasunsu bayin da suka tsere ko aka 'yanta, Hausa dai ita ce harshen bariki. Mai rubuta suna in ya tambayi mutum bai gane ba sai ya haɗa masa da sunan ƙabilarsa, shi ya sa rajistar soja ta cika da su Musa Kanjaga da Ali Moshi. Ɗaya daga cikin irin waɗannan, Alhaji Grunshi, shi tarihin Ingila ya rubuta a matsayin sojanta na farko da ya yi harbi a Yaƙin Duniya na Ɗaya, a Togo, cikin Agustan 1914. Abin da ake nema shi ne tashar waya marar igiya ta Kamina, wadda ke haɗa Balin da jiragen ruwanta. Jamusawa suka rusa ta da kansu suka miƙa wuya ranar 26 ga watan, Yendi ta koma hannun Ingila. Barikin soja na Tamale sunan Kamina yake ɗauke da shi har yanzu. A wannan shekarar ce kuma aka gano manganis a Nsuta, ma'adinin da ke ƙara wa ƙarfe tauri, kuma kafin yaƙin ya ƙare an fara lodinsa zuwa masana'antun Ingila.

Yaƙin Hitila ne ya kawo masana'antar makami kusa da mu fiye da kowane lokaci, har muka taɓa ta da hannu. A watan Yunin 1940 Italiya ta shiga yaƙi, Faransa ta faɗi, tekun Bahar Rum ya zama haɗari ga jiragen Ingila, ga kuma rundunarta a Masar tana bukatar jiragen sama. Zagayawa ta Afirka ta Kudu wata da watanni ne. Sai aka tuna da tashar jiragen ruwa ta Takoradi, wadda aka buɗe a 1928. Aka riƙa kawo jiragen yaƙi a kwance cikin manyan akwatunan katako, a sauke, a ja su zuwa filin jirgi, makanikan sojan sama na Ingila da ma'aikata 'yan ƙasa su ɗaura fiffike da farfela, a gwada, a tashi. Rukunin farko ya tashi a watan Satumba na 1940, jirgin Blenheim guda a gaba yana nuna hanya, ƙananan Hurricane na biye. Hanyar kuwa Bahaushe zai gane ta, domin kusan ta alhazan ƙafa ce: Legas, Kano, Maiduguri, Fort Lami wadda ake kira Njamena yau, El Jenena, Hartum, sannan a bi Nilu zuwa Alƙahira, tafiyar kamar kwana shida. Da gwamnan Chadi Félix Éboué bai bi ɓangaren de Gaulle a Agustan 1940 ba, da tsakiyar hanyar ta yanke. Zuwa 1943 jirage sama da 5,000 sun bi ta nan, kuma da su aka yi yaƙin hamadar Libiya da Masar.

Jikin jirgi da sanholo ake yinsa, sanholo kuma daga jar ƙasar nan ta boksait yake fitowa. Saboda haka aka buɗe haƙarta a Awaso a farkon shekarun 1940, aka ja mata layin dogo daga Dunkwa. Nsuta ta ninka aiki. A Jos ma, bayan Japan ta ƙwace Malaya, aikin tilas aka sa wa talakawa a ramukan kuza. In ka duba waɗanda ke riƙe da diga da shebur a ramukan kudancin Gwalkwas, mafi yawansu daga arewa suka gangaro, daga ƙasar Farafara da Dagati da Kusasi da Mosi, a ƙasa, tafiyar makonni. Ƙasar da suka haƙo ta tafi Ingila a jirgin ruwa, ta dawo Takoradi a cikin akwati ta zama jirgin sama. Narkawar da ƙirar, wato inda ilmin yake da inda ribar take, ba a yi su a nan ba.

Sojoji kuwa, Gwalkwas ta ba da wajen 65,000. Sun yi yaƙi da Italiya a Gabashin Afirka, a wurare irin su El Wak da Wadara, sannan aka kwashe su zuwa Bama cikin runduna ta 81 da ta 82. A dazukan Kaladan da Arakan, inda mota ba ta shiga, hafsoshin Ingila sun yi alfahari da cewa suna da abin da sauran rundunoni ba su da shi: dubban sojoji 'yan dako da ke ɗaukar harsashi da sassan igwa a ka. Yaƙin da aka yi da rada da bam ɗin atom, gudummawar da aka fi yaba mana a cikinsa ita ce gammo. Da suka dawo ba su sami abin da aka yi musu alkawari ba. Ranar 28 ga Fabrairu, 1948, suka yi maci zuwa gidan gwamna, wato tsohon gidan 'yan Denmak na Osu, inda doguwar bindigar ta samo suna. Wani hafsan 'yan sanda Bature ya harbe Saje Adjetey da Kofur Attipoe da Odartey Lamptey, tarzomar da ta biyo baya ita ta gaggauta 'yancin 1957.

Bayan 'yanci maƙeri bai sami 'yancinsa ba. Dokar makamai ta 1962 da ta 1972 sun bar ƙirar bindiga a matsayin laifi in babu izinin gwamnati, izinin kuwa ba a saba bayarwa ba. Sana'ar ba ta mutu ba, ta dai shiga ɗaki ta rufe ƙofa. Binciken da Kwesi Aning ya wallafa a 2005 ya nuna ana ƙera bindiga a kowace jiha ta Ghana, da bututun ruwa da ƙarfen tsofaffin motoci, wasu ma sai gwani zai bambanta su da na waje. A 2007 aka kafa hukumar kula da ƙananan makamai, ta yi ta jawo maƙera da lallashi su koma ƙirar kayan noma. Ni a ganina an yi asarar hannu masu albarka. Jikokin mutanen da suka raya bindigar Birmingham shekara ashirin, da an ba su makaranta da injin yankan ƙarfe tun 1960, da yanzu ba garmar shanu kaɗai ake ƙerawa a Bawku da Garu ba.

Abin da ya fi ciwo shi ne inda bakin bindigar ya juya. A watan Fabrairun 1994 gardama kan cinikin zabuwa a kasuwar Nakpayili, kusa da Bimbila, ta tayar da yaƙin da ya haɗa Konkomba da Nanumba da Dagomba da Gwanja, ya ci ƙauyuka ɗaruruwa har zuwa kewayen Salaga da Yendi, aka ƙirga mamata aƙalla 2,000. An ga kibiya mai dafi a wannan yaƙi, an ga bindigar toka, an kuma ga AK-47, wadda Mikhail Kalashnikov ya tsara wa sojan Rasha bayan yaƙin Hitila. A Maris na 2002 aka kashe Ya Na Yakubu Andani na Biyu a fadarsa, Yendi ta zauna babu cikakken sarki har Janairun 2019. Rikicin sarautar Bawku kuwa mu da ke Garu ba labari ake ba mu ba, muna jin sa a farashin albasa, da motar da ta ƙi tashi ranar kasuwa, da ɗalibin da aka mayar gida saboda dokar hana fita. Harsashin da ke tashi da dare a can babu maƙerin Kusasi ko na Mamprusi ko na zango da ya zuba shi. Daga wata masana'anta mai nisa ya fito, ya ratso iyakoki, wani ya karɓi kuɗi, mu muka biya kuma mu muke binnewa.

Rigar saƙin nan ta arewa, batakari, ita mayaƙan Adibo suka ɗinke da layu don harsashi ya kauce musu, ita kuma sarakunan Asante suka riƙa saya a hannun malamanmu don shiga yaƙi. A ƙarshen 2021 kwamitin tsaro na Jihar Gabas ta Sama ya hana sa ta a cikin garin Bawku, saboda ana ɓoye bindiga a ƙarƙashinta.